Abin da Na Faɗa Gaban Alƙalin Damagaram

A tashar Babura na fara jan mayafi ina rufe fuska. Ranar kasuwa ce, mutanen Kazaure da na Roni sun cika wurin, kuma kusan duk sun san ni, don motata ce ta saba kawo su. Wata mai daddawa ta hango ni ta ɗaga murya, "Hansai Mai Ƙuli! Yau ke ce a motar haya? Ina taki?" Na ce tana wurin gyara. Ta ce Allah ya sawwaƙe, amma yadda ta dubi ta kusa da ita, na san labari ya riga ni isowa.

Motar a-kori-kura ce fara. Na saye ta a shekarun da kuɗin man fetur suka shigo ƙasa, kowa yana sayen rediyo da sabon keke, lokacin muna Jihar Kano. Bayan rasuwar maigidana na sayar da shanun da na gada wajen mahaifina, na haɗa da abin da na tara a suyar ƙuli-ƙuli, aka yi takardunta da sunana. Ita ke ci da ni da yaran da suka rage a gabana.

Mai tuƙa ta kuwa ɗana ne na fari. Ba zan faɗi sunansa a nan ba. Mu a gidanmu mace ba ta kiran sunan ɗan fari, ba ta zama inda yake zaune, ba ta nuna ta damu da shi ko da yana kwance ba lafiya. Ga shi kuma sunan surukina aka sa masa. Tun da aka yaye shi mahaifiyata ta ɗauke shi zuwa rugarsu a Gwiwa, can ya girma, shi ya sa kowa ke ce masa Ɗan Inna. Ko da ya dawo Kazaure ya koyi tuƙi, saƙo ne tsakaninmu. In ya dawo daga kasuwa sai ya aiko ƙanwarsa ta gaya min yadda aka yi, ni kuma in zuba tuwo in ce a kai zaure.

Wani ɗan kasuwa ne ya ɗauke shi shata daga Babura, wai zai kai buhunan dawa cikin Nijar. Duwan, wato kwastan ɗin can, suka tare su suka farke buhu, sai ga bandir-bandir na atamfa an cusa a tsakiyar dawar. Mai kayan ya ce zai kewaya ya kama ruwa, ba a sake ganinsa ba. Aka riƙe mota, aka riƙe direba. Wani direban Babura ne ya kawo mana labari, ya ce ba za su saurari kowa ba sai mai motar da kanta.

Malam Iro, ƙanin maigidana, shi ya rako ni. Mutum ne mai son a ce ya san duniya. Ya taɓa kai goro Maraɗi a samartakarsa, tun daga nan ba a yin zancen ƙasar Faransa, wato Nijar, a gabansa bai gyara wa mai magana ba. Muna jiran a duba motarmu a bakin iyaka, wajen garin Babban Mutum, ya matso kusa da ni ya rage murya.

"Yaya, ki saurare ni. In an tambaye ki, direba ne kika ɗauka haya. Ba ki san shi ba, ba ki san kayan ba. In suka ji ɗanki ne, za su ce da bakinki aka yi, su haɗa ke da motar su riƙe."

Abin da ya nema bai yi min wuya ba, don dama bakina ba zai iya faɗin wani abu daban ba. A kowane shinge jandarma ya leƙo ya ce ina zuwa, sai in ce mota zan karɓo. Ba ƙarya na yi ba, amma Allah ya san ba motar ce ta hana ni cin abinci tun da labari ya zo ba.

Mun isa Magariya da la'asar, ƙafafuna sun kumbura, bakina duk yashi. Muna sauka wani mutum ya taro mu, dogo, da tabarau, da jakar fata a hammata. Tun kafin mu buɗe baki ya ce, "Ku ne masu farar a-kori-kurar nan ta Kazaure? Sannunku da hanya. Kai, yaron nan ya ba ni tausayi."

Na so in tambaye shi yaya ya gan shi, ko an doke shi, ko yana samun abinci. Amma Malam Iro na tsaye. Na ce, "Motar lafiyarta ƙalau?"

Ya ce ƙalau take. Ya ce Sakatare ake ce masa, babu ofishin da ba ya shiga a garin. Ya saya mana shayi da irin dogon burodinsu mai tauri, ya samar min wurin kwana wajen wasu mata. Da safe ya kai mu bayan wata katanga ya nuna mana kan wata farar mota ta sama. Na ce wa Malam Iro a hankali, tawa tana da ƙarfen ɗaure kaya, wannan babu.

"Sun cire ne, Yaya. Ke kin san aikin Faransa ne?"

Malam Iro ya zazzage abin da muka zo da shi ya ba mutumin. Sakatare ya girgiza kai, ya ce manyan da ke ciki ba za su ko ɗaga ido ba a kan wannan. Sai ya dubi hannuna. Warwaron azurfa ne guda biyu, mahaifiyata ta sa min su ranar da aka kai ni ɗakin miji, kuma tun ina siririya suka shiga. Suka ƙi fita. Sai da aka aro sabulu da ruwa wajen mai shayi, na tsuguna a bakin hanya na naɗe hannun riga, maza suna wucewa suna kallo, ina murzawa har fata ta saɓule. Ya karɓa ya jefa a jaka, ya ce mu jira shi a gindin darbejiya, ya shiga ta ƙofar gaba.

Muka zauna har inuwa ta bar mu. Da aka kira azahar mai shayin ya ƙaraso yana goge kofi.

"Wai ku wa kuke jira? Nan fa gidan likitan dabbobi ne, waccan motar tasa ce. Gidan yana da ƙofa ta baya. Motarku tuni aka wuce da ita Damagaram, har da direban. Duk tasha an san mutumin nan. Me ya hana ku tambaya?"

Kafin ya rufe baki mutane sun taru a kanmu. Wata tsohuwa mai goro ta ce, "Mutanen Ingilishi ke nan, kuɗin mai ya yi musu yawa." Haka suke kiran 'yan Nijeriya a can. Aka yi dariya. Na ja hannun rigata na rufe inda warwaron suka bar farin zobe a fata. Daga Magariya har Damagaram Malam Iro bai ce uffan ba, kuma ban taɓa ganin ya yi shiru mai tsawon haka ba.

Damagaram na zaune cikin manyan duwatsu, irin na bayan gidanmu a Kazaure. Da na hango su daga kan mota sai na ga kamar in na sha kwana zan ga ƙofar gidana da yarana. Amma duwatsunmu akwai ruwa a gindinsu. Can kuwa 'yan ga-ruwa ne ko'ina, kowa yana lallaɓa tulunsa kamar mai.

Muka sami harabar da ake tara motocin da aka kama. Ga tawa can a kusurwa, tayoyi sun kwanta, kaji sun yi gida a ƙarƙashinta, an manna wata takarda a gilashi. Wani jami'in duwan mai furfura ya ba ni kujera, ya yi min bayani da Hausa, a tsanake.

"Baiwar Allah, magana ta bar hannunmu, tana gaban alƙali. An nemi a ƙwace motar ta zama ta gwamnati, tunda da ita aka ɗauko kayan. Shari'ar kuma ba yanzu ba, sai an gama bincike, yana iya kai watanni. Amma akwai hanya. Mai mota na iya roƙon alƙali ya ba ta ita amana kafin ranar. Sai dai ki kawo mutumin garin nan mai gidan kansa, ya tsaya miki cewa ranar da aka nemi motar za a dawo da ita. In ba ta dawo ba, gidansa ne a ciki." Har na miƙe ya ƙara da cewa, "Direban yana gidan kaso. Lafiyarsa lau."

Ban tambaye shi ba. Allah ya saka masa da alheri duk inda yake.

Ba mu san kowa a garin ba, aljihu kuma ya bushe. Malam Iro ya ce geronsa ya isa yanka, zai koma ya nemo taimako ya dawo. Wani direban goro ya ɗauke shi kyauta. Ya bar ni a rumfar mata masu abinci a tasha, da ƙunshin kayana a cinya.

Tun safe nake zaune, ƙamshin miya yana dukana, ina yi kamar ina jiran wani. Da rana ta take wata mace baƙa kakkaura, da zanen Barebari a fuska, ta ajiye ludayi ta dube ni.

"Baƙuwa, azumi kike?"

Na ce na ƙoshi.

"To, ki taimake ni ki ɗanɗana min miyar nan, yau harshena ba ya jin gishiri."

Ta cika kwano da tuwo ta ajiye a gabana ta juya baya har na gama. Ya Fanna ke nan. Da yamma ta ɗauki ƙunshina ta ɗora a kanta ba tare da ta nemi shawarata ba, na bi ta har cikin Birni, unguwar majema. Tun daga nesa warin jima ya tare ni. Mijinta, Malam Kyari, majemi ne, gajere marar magana, hannuwansa sun rine da ruwan bagaruwa har gwiwar hannu. Ya amsa gaisuwata ya ce, "Gida naki ne," ya koma kan fatunsa.

A gidan nan na san nauyin cin abincin da ban nema ba. Ni da almuru ke yi maƙwabta suna aiko da kwano gidana, ga ni ana auna min ruwan wanka a 'yar ƙwarya, kuma na san rabon wani aka rage. Da na kasa jurewa na ce wa Ya Fanna ta samo min gyaɗa. Na soya, na daka, na matse mai, na murza ƙuli irin namu na Kazaure, sirara masu zobe, da citta da barkono. Ta kai tasha, kafin la'asar ya ƙare. Daga ranar na ɗan iya ɗaga kai in an ajiye kwano. Amma in na zauna gaban kasko sai in tuna 'yar autata, wa ke yi mata kitso, wa ke tashinta sallar asuba, sai in ce hayaƙi ne ya shiga min ido.

Ya Fanna tana kai abinci gidan kaso, dangin waɗanda ke ciki ne ke sa ta. Na daɗe ina juya maganar kafin wata safiya na ƙulle ƙuli a tsumma na miƙa mata.

"Akwai direbana a can. In ba zai dame ki ba."

Ta karɓa ta tafi. Da ta dawo ina daka, ta zauna a kan turmin da ke kife tana kallona.

"Direban nan naki, da ya kwance ƙullin sai ya juya ya ba ni baya, ya daɗe a haka. Sannan ya ce a gaida mai motar, a ce mata ta koma gida, wahalar ta yi yawa." Sannan ta ƙara da cewa, "Goshinku ɗaya."

Na ci gaba da daka.

"Ni ma ina da nawa, yana Agadas," in ji ta. "Ban tambaye ki komai ba."

Neman mai tsaya min shi ya fi komai ci min rai. Na bi gidajen fatake 'yan wajenmu da suka zauna a garin, ina sallama a zaure kamar mai bara. Wani ya ce ba ya shiga maganar duwan. Wani ya ce ina mijina. Wani Alhaji mai goro, wanda aka ce asalinsa mutumin Roni ne, ya bar ni a zaure tun hantsi har azahar, sannan ya aiko a ba ni sadaka a ce Allah ya kawo mafita. Na dubi abin a tafin hannuna, na rasa yadda zan yi da shi. Mayarwa rashin kunya ne, riƙewa kuma ya fi ƙarfina. Na ajiye a bakin tabarma na fita.

Ranar na dawo ban iya cin komai ba. Na ji Ya Fanna da mijinta suna magana da Barbarci a tsakar gida, muryarta tana hawa, tasa ba ta fita. Bayan sallar la'asar ya tsaya a bakin ƙofar ɗakin da nake, bai shigo ba.

"Baƙuwa, gidan nan na gada, ba ni da wani. In na sa shi, motar za ta dawo ranar da aka ce?"

"In ina raye za ta dawo, Malam."

"In ba kya raye fa?"

"Zan bar wasiyya."

"Shi ke nan," ya ce. "Amma ni ban iya magana gaban alƙali ba. Ke za ki yi."

Aka rubuta mana roƙo, aka sa rana. Malam Iro ya dawo ana gobe za a shiga, da sabuwar riga, bakinsa kuma ya dawo daidai. Har a ƙofar kotu yana maimaita min, "Direban haya, Yaya. Kalma biyu ce. Kada ki ƙara, kada ki rage."

Ɗaki ne mai bencina da fanka mai ƙara, cike da mutane, kowa da abin da ya kawo shi. Alƙalin baƙar fata ne, aka ce Bazabarme ne, amma da Faransanci yake shari'a, tafinta yana juyawa. Da aka kira ni na tsaya kaina a ƙasa. Na ji an shigo da mutum an tsayar da shi can gefe. Ban ɗaga ido ba, ƙafafunsa kawai na gani, ba takalmi, sun yi fari da ƙura. Ƙafafun ubansa ne sak.

Aka duba takardun mota, aka tambayi Malam Kyari gidansa, ya amsa da kalma ɗaya ɗaya. Sannan alƙali ya yi magana mai tsawo, tafinta ya juyo gare ni.

"Mai shari'a ya ce, wannan direban ya shaida cewa shi ɗan haya ne, babu dangantaka tsakaninsa da mai mota, kuma ba shi da kowa da zai tsaya masa. In haka ne, ke ba ruwanki, yau za a ba ki motarki amana. Shi kuma tunda baƙo ne marar kowa, gidan kason nan ya cika, za a tura shi wani can arewa ya jira shari'a. Haka ne abin da ya faɗa?"

Ashe shi ma abin da ya gaya musu ke nan, tun ranar da aka kama shi, ba tare da wani Malam Iro ya koya masa ba.

Malam Iro ya yi gyaran murya a bayana. Kafin in buɗe baki na ji muryar yaron, "Haka ne, ranka ya daɗe." Alƙali ya ɗaga masa hannu ya yi shiru.

Na san abin da ake nufi da arewa. Ya Fanna ta taɓa ba ni labarin waɗanda ake kaiwa can cikin hamada, inda ba mai kai musu ko ruwa. Na motsa baki, ni kaina ban ji abin da ya fita ba.

"Ɗaga murya, baiwar Allah," in ji tafinta.

"Ɗana ne."

Alƙali ya ajiye alƙalami ya yi magana a gajarce.

"Mai shari'a ya ce, in ɗanki ne, ki faɗi sunansa da na ubansa."

Na so ƙasa ta tsage. Sunan da ban taɓa furtawa ba tun ranar da aka raɗa shi, da sunan mijin da na zauna da shi har ya koma ga Allah ban taɓa kira ba, na faɗe su a jere, a gaban maza, a ƙasar mutane. Mai rubutu ya ce bai ji ba saboda fanka. Aka ce in maimaita. Na maimaita.

Ran alƙali ya ɓaci. Ya tambaya ta bakin tafinta, me ya sa aka yi wa kotu ƙarya? Ko da sanina aka ɗauko kayan, shi ya sa muke ɓoye juna? Na rantse ban san kayan ba. Amma dalilin ɓoyewar na kasa faɗa. Da wane baki zan faɗa? Na juya fuskata ga bango. Daga baya Ya Fanna ta ce min shi ma yaron ɗaya bangon ya juya wa fuska, muka tsaya kamar waɗanda aka yi wa faɗa a makarantar allo.

Sai na ji alƙalin ya yi magana da Hausa, irin tasu mai ɗan karkata, karon farko tun da muka shigo.

"Ɗan fari ne?"

Na gyaɗa kai. Matan da ke bencin baya suka ɗauki salati, wani ya yi dariya aka tsawatar masa. Alƙali ya ce tunda maganar farko ta canza, ba zai saki mota yau ba, sai ya sake dubawa. Aka fita da yaron.

A waje Malam Iro ya tare ni. "Kin zubar da mota da bakinki! Tana hannunki, Yaya, tana hannunki! Me za ki gaya wa yara? Kuma sunan yayana da na Baba, a bainar jama'a!"

Malam Kyari ya ce, "Malam, bar ta haka." Iyakar abin da ya faɗa ke nan, amma Malam Iro ya bari.

Na koma gida na kwanta na fuskanci bango. Kwanakin da suka biyo baya ban leƙa ko ƙofar gida ba, don labari ya zaga unguwa, mata suna shigowa wai aron wuta, su leƙa su ga matar Ingilishi da ta kira sunan mijinta a kotu. Ya Fanna ce ke korarsu.

Da aka sake kiranmu, alƙali bai ja magana ba. Ya ce bincike bai nuna ina da hannu ba tukuna, ya ba ni motar amana a kan gidan Malam Kyari, da sharaɗin kada a sayar, kada a sake mata fenti, a dawo da ita ranar shari'a. Game da direba kuma, tunda yanzu an san yana da uwa da adireshi, ana iya sakinsa ya jira a cikin gari, in akwai wanda zai riƙe shi. Ban yi ƙarfin halin duban Malam Kyari ba. Na riga na ɗora masa abin da ya fi ƙarfin baƙunta. Sai na ji ya ce wa tafinta, "Gidan da ya ɗauki ƙarfe ai ba zai kasa ɗaukar mutum ba."

Haka Ɗan Inna ya koma zauren Malam Kyari, yana taya shi jiƙa fata. Ni kuwa zama gida ɗaya da shi bayan abin da ya faru ya gagare ni. In ya shigo ɗibar ruwa sai in shige ɗaki, in na fito sai ya bar gidan. Na ce wa Malam Iro ya nemo direba mu tafi.

Ranar tafiya aka cire takardar gilashi, aka kori kaji, aka yi wa tayoyi iska. Batir ya mutu, sai da majema suka taru suka tura, shi ma yana cikinsu. Da ta tashi ya zagayo ta gefen Malam Iro, ya sunkuya.

"Baba Iro, a ce wa direba ya riƙa duba ruwa, tana zafi a yashi. A gaida mutanen gida."

Ni kuma na cire bargon da na zo da shi na miƙa wa Ya Fanna ta taga, na ce da ɗan ƙarfi, "Sanyi ya kusa, wasu ba su zo da abin rufa ba." Ta karɓa tana dariya tana share hawaye da gefen zane.

Motar ta yi mana aiki duk kakar nan. Bayan Babbar Salla aka aiko, na sa aka mayar da ita Damagaram tun ana saura kwanaki, da buhun gero da tulun man gyaɗa na gidan Malam Kyari. Aka ƙwace atamfar, aka ci tara, aka bar mana mota. Ɗan Inna ne ya tuƙo ta zuwa gida.

Amma tun kafin wannan, washegarin dawowata, na tafi Gwiwa in gaya wa Inna halin da jikanta ke ciki. Bakin Malam Iro ya riga ni. Na same ta a gindin bukka tana burga nono, ta tsufa ƙwarai a lokacin, idonta ya fara hazo. Na durƙusa na gaishe ta. Ta amsa ba ta daina burgawa ba.

"An ce kin yi magana a Faransa."

Na sunkuyar da kai.

"Duka biyun kika faɗa?"

"Duka, Inna."

"Da ƙarfi?"

"Sai da aka ce in maimaita."

Ta saki maburgi ta rufe baki da hannu. "La'ilaha illallahu. Akwai mutanen Gwiwa a wurin?"

"Babu."

"To, alhamdu lillahi."

Ta tambayi ko yana ci, ko ya rame, ko mutanen gidan masu salla ne. Na amsa mata da ka. Ta ɗauki maburgi, ta riƙe shi ba ta juya ba, tana kallon inda shanu suke.

"Ranar da aka zo min da labarin babban yayanku yana kwance a Daura, ina tatsa," ta ce. "Ban ajiye ƙwaryar ba. Aka sake aikowa, ban je ba. Ɗan aike na uku da ya zo, ta'aziyya ya kawo. Ban yi kuka gaban kowa ba. Har yau in ana zancen kunya a rugagen nan, sunana ake kira."

Ban taɓa jin ta ambace shi ba sai ranar. Ta zuba nono a ƙaramar ƙwarya, ta lalubo hannuna, yatsunta suka tsaya a inda warwaron suke a da. Ta shafa wurin, ba ta tambaya ba. Ta ɗora min ƙwaryar a tafi.

"Sha, Hansai," ta ce. "Kin sha hanya."